Fasfon da Pande Ya Rantse Ba Zai Taɓa Ba

Pretor, bakin tafkin Prespa
Watan Satumba, tuffa ta fara ja

Ya ke Ilinka, hasken gidana, sanyin ƙirjina, furen da ke riga kowane fure buɗewa a gonata! Ya ke ruwan da ke gangarowa daga dutsen Pelister idan ƙanƙara ta fara narkewa, mai sanyi har cikin haƙori, wanda ba a ƙoshi da shansa! Ya ke Malama, uwar taswira, wadda ta san sunan kowane kogi a duniya amma ta manta hanyar gidan mijinta! Gaisuwa gare ki daga bakin tafki, daga tsohon da kika bari da kaji, da kare, da tukunyar wake, wadda ita kaɗai ya iya dafawa.

Na san yanzu kin nisanta takardar nan da fuskarki kina ƙanƙance ido, don kin sake ajiye tabarau inda ba ki sani ba. Taɓa kanki, yana nan. Na kuma san kin juya kin ce wa 'yarmu, "Bisera, ubanki ya zautu, wasiƙa ya rubuto a zamanin waya." E, wasiƙa na rubuto, kuma da gangan. A waya ba ki taɓa barina na kai ƙarshen magana ba. Ina buɗe baki kin gyara mini shekara ko sunan gari. Takarda kuwa ba ta da ƙofar da za ki sa baki. Iyaka ki ɗauko jan biron nan naki ki bi ta layi-layi, wannan kuwa na yafe miki tun yanzu.

Ya jikinki? A'a, dakata, kada ki amsa tukuna. Wannan tambayar tana da wurinta a gaba.

Wata uku kika ce za ki yi. "Bisera ta haihu, in riƙe mata jaririya ta samu ta yi barci, in dawo." Ga shi jikarmu Kalina har ta fara gudu tana kiran kyanwa da Turanci, ke kuwa kina can Wollongong ta Ostireliya, garin da harshena ke harɗewa kafin in kai ƙarshen sunansa, inda kika ce rana ta arewa take bi, Kirsimeti kuma da gumi ake yinta. Wane irin wuri ne wannan da mai hankali zai zauna, tafin ƙafarsa na kallon tafin ƙafarmu? Shamuwa ta zo ta tafi, ta sake zuwa ta sake tafiya, ita da ba ta da miji a Pretor. Ƙauye duk ya ɗauki ƙamshin gasasshen tattasai, kowace tsakar gida mata sun kafa murhu suna tuƙa aivar, miyar tattasan nan da ake ajiye wa hunturu, hayaƙi na tashi daga kowane gida ban da namu. Tafkin ma ya ƙara ja da baya. Gadar katakon da muke zama a kai muna tsoma ƙafa, yanzu a kan busasshen yashi take tsaye, ciyawa ta fito a ƙarƙashinta. Masana sun ce ƙarancin ƙanƙara ne da injinan ban-ruwa. Ni na ce tun da kika tafi ne, kuma ba kya nan balle ki ƙaryata ni.

Kin tuna yadda muka fara? Na san kin tuna, har da kalar rigar da na sa, amma bari in faɗa yadda nake so. Shekarar da tarayyar Yugoslabiya ta fara tsagewa ce, casa'in da ɗaya. Na dawo hutu daga barikin soja a Kuroshiya, na ga abin da ke shirin faruwa a can, na ninke kakin na cusa a ƙarƙashin katifar uwata, na ƙi komawa. Aka ce ranar Lahadi kowa ya je makaranta ya jefa ƙuri'a, ko Makedoniya ta tsaya da ƙafarta ko a'a. Ina shiga ajin sai ga wata sabuwar malama a bayan tebur, gashinta baƙi wuluk kamar inabin ƙarshen kaka, idanunta kamar tafki da sassafe kafin iska ta taɓa shi. Na jefa ƙuri'ata na tsaya. Mutane na shigowa suna fita, ina tsaye. Kika ɗago kai kika ce, "Sau ɗaya ake jefawa, ɗan samari. Me kake jira?" Na ce, "Sakamako." Kika ce, "Sai gobe." Na ce, "Ba wannan ba." Ai kuwa kika yi ja har kunne, ke da kike cewa ba ki taɓa jin kunyata ba!

Kafin ƙanƙara ta rufe hanya na ɗauke ki a babur ɗin babana muka hau dutsen Galicica, har wurin da mutum ke ganin tafkuna biyu a tsaye ɗaya, Prespa a wannan hannun, Ohrid a wancan. Na daɗe ina shirya maganar da zan faɗa. Ina buɗe baki kika nuna ƙasa da yatsa kika fara darasi: wai tafkinmu ya fi na Ohrid tudu, wai ruwansa yana sulalewa ta ramukan dutsen da muke tsaye a kai, ya yi tafiyarsa cikin duhu ba mai ganinsa, ya je ya ɓullo a maɓuɓɓugan Sveti Naum garau kamar hawaye. Na ce, "Haka nake tun ranar ƙuri'a, Malama. Ta ƙarƙashi nake tsiyaya zuwa wurinki." Har gobe ina ganin ba a taɓa jin magana mai kyau irin wannan daga bakin manomin tuffa ba. Ke kuwa me kika ce? "To, tunda kana son labarin ƙasa, ƙasashe nawa ke iyaka da mu yanzu?" Na ce uku: Girka, Albaniya, Bulgeriya. Kika ce, "Huɗu. Ka manta Sabiya ta zama ƙasar waje. Ka faɗi. Amma zan aure ka, in ba haka ba da jahilcinka za ka mutu." Ina so ki sani, tun da Kosovo ta ɓalle sun zama biyar. Ke ma amsarki ta lalace, kuma ban taɓa goranta miki ba sai yau.

Muka yi aure, aka buga mana hatimin ƙasar da ta riga ta mutu a takardarmu, da tauraronta da komai. Sojojin tarayya suka kwashe nasu ya-nasu suka tafi, Allah ya tsare mu daga wutar da ta ci 'yan'uwanmu na arewa. Sai ga ki a gaban yara da taswirar Yugoslabiya a bango, ƙasarmu a can ƙasa kamar ɗigon miya a gefen riga, sabuwar taswira kuwa ba wanda ya buga tukuna. Me kika yi? Kika ɗauko farin zanin gadon da uwata ta saƙa mana na aure, kika shimfiɗa a tsakar gida, kika zana Makedoniya a kai da fentin ƙofa. Kogin Vardar ya ratsa tsakiya da shuɗi, duwatsun Shar a sama, tafkuna uku a ƙasa. Uwata ta yi kwanaki ba ta amsa gaisuwarki. 'Ya'yan Pretor kaf a kan zanin gadona suka koyi ƙasarsu, ni kuwa na kwana a kan bargo mai ƙaiƙayi har ƙarshen hunturu. Faɗa mini, wa ya yi wa ƙasar nan sadaukarwa kamar ni?

Sai aka shiga rigimar suna. Girkawa suka ce sunan nasu ne, duniya ta rasa yadda za ta kira mu, ta laƙaba mana Tsohuwar Jamhuriyar Yugoslabiya ta Makedoniya. Ke ce kika ce a gaban baƙi, "Kamar matar da aurenta ya mutu, gari ya ƙi daina kiranta tsohuwar matar wane." A hunturun da Girka ta rufe iyaka, mai ya yi ɓatan dabo, a nan Bisera ta ga damar zuwa duniya. Motata ba ko ɗigo. Maƙwabcinmu Shefket ya fito da taraktarsa, ya juye mata man da ya ɓoye a kwalabe, ya shimfiɗa miki katifa a tirela, muka kama hanyar asibitin Resen cikin ƙanƙara. Kina naƙuda, kina matse hannuna kamar za ki karya shi, amma da ciwon ya lafa sai ki ɗaga kai ki ce, "Shefket, ta gadar ƙasa ta fi kusa!" Shi kuma ya waiwayo ya ce, "Malama, ke ki haihu, ni in tuƙa." Wayyo Ilinka! Ƙanƙara a gashinki, leɓenki ya yi fari, kina ba da umarni! Ban taɓa ganin abin da ya kai ki kyau ba, ban kuma taɓa jin tsoro irin na ranar ba. Daga baya aka buɗe iyakar, aka canja mana tuta, ranar da ke jikinta ta rage yatsu. Ni na yi baƙin ciki; ke kika ce ko ba komai ta fi wa yara sauƙin zanawa.

Ba duk abin da na tuna ke ba ni dariya ba. Shekarar da aka yi harbe-harbe a duwatsun Tetovo tsakanin sojojinmu da mayaƙan Albaniyawa, gaisuwa ta yi tsada a ƙauyen nan. Mutanen da suka tashi tare da Shefket suka riƙa kau da kai idan ya wuce saboda Ba'albaniye ne, shi ma ya daina zuwa shagon gahawar Kole. Ni ina ta juya abin a raina. Ke kika gasa burodi, kika ɗora a faranti, kika bi ta tsakiyar ƙauye da rana tsaka, ta gaban shagon, har ƙofar Nazmiye matarsa. Kina dawowa wani ya ce miki, "Malama, kin kuwa san lokacin da muke ciki?" Kika ce, "Na sani, lokacin cin abinci ne." A ranar na ƙara sanin wadda na aura.

Da muka raka 'yan ajinki Skopiye ganin mutum-mutumin da aka cika dandali da su fa? Ni na tsaya gaban jarumin nan mai doki, hulata a hannu, ƙirjina ya cika fal. Ke kika zaga shi kika ce, "Da kofaton dokin nan kaɗai da an rufe mana ajin da ke yoyo." Yara suka kwashe da dariya, ni na mayar da hulata.

To, da duk wannan, yaya aka yi kalma ɗaya ta shiga tsakaninmu? Ni da ke mun tsaya a bakin ruwa ranar da manyanmu da na Girka suka sa hannu kan yarjejeniyar suna a ƙetaren tafkin nan namu, muna hangen jiragen ruwansu. Aka ce daga yanzu Makedoniya ta Arewa. Ni ji na yi kamar an shigo har gida an canja wa ubana suna. Ke kika ce, "Pande, buɗe ido ka dubi taswira. Yankin da ake kira Makedoniya ya fi ƙasarmu faɗi, wani na hannun Girka, wani na hannun Bulgeriya. Mu ne a arewa. Alƙibla ce, ba zagi ba." Na ce, "Kakana bai ba da ransa don alƙibla ba!" Kika ce, "Kakanka a kan gadonsa ya mutu yana da shekara casa'in, bayan ya cinye kaskon wake shi kaɗai." Gaskiya ne, amma ba a faɗin irin wannan a tsakiyar gardama.

Sai daga baya, kina wanke kwanuka kin ba ni baya, kika faɗi ainihin abin da ke ranki. "Da na fara koyarwa, ajina ba wurin sa ƙafa. Bana yara biyar gare ni. Sauran duk sun tafi Jamus da Italiya da Ostireliya, har da tamu. In sabon suna zai buɗe mana ƙofar Turai yaran nan su zauna a gida, ko Makedoniya ta Bayan Murhu suka kira mu na yarda." Ranar ƙuri'ar raba gardama kika sa rigar coci kika tafi, ni na zauna a gona na ƙi zuwa. Ki kuma lura, ƙofar har yau ba ta buɗe ba. Girka na saki, Bulgeriya ta kama. Ban kawo wannan don neman cin gardama ba. Na kawo ne don na riga na ci.

A makon ne na miƙe a shagon Kole, gaban duk masu karta, na kama gashin bakina wanda ban taɓa askewa ba tun da na bar soja, na ce, "Ranar da kuka ga takarda mai Arewa a hannun Pande, ku kawo aska." Aka tafa mini. Na dawo gida ina taƙama kamar zakara, kika dube ni sama da ƙasa kika ce, "Allah ya sa Kole na da sabulu."

Da cikin Bisera ya tsufa kika karɓi sabon fasfonki ba ko ɗar, na kai ki filin jirgin Skopiye. Kika gyara mini wuyan riga kika ce, "In ka gama sayar da tuffa ka biyo ni, tsoho." Na ce sai dai da tsohon fasfona. Kafin in gama da tuffar aka ce tsofaffin fasfo sun daina aiki. Daga nan muka shiga wasan da kika sani. Kowace safiya ki kira, ni ina shan gahawa ke kina ɗora tukunyar yamma. Ki ce, "Yaushe za ka zo?" in ce, "Yaushe za ki dawo?" Ki ce in riƙa sa hula, in ce ki gai da yara. Ranar da Bisera ta fara maganar nema miki takardar zama ta dindindin na yi dariya a waya, na ajiye, na kasa shanye gahawar.

Yanzu mun iso tambayar da na ajiye.

Wata safiya a watan jiya wayar ba ta yi ƙara ba. Washegari ma haka. Aka turo mini saƙo wai mura kike yi, muryarki ta dishe. Ke? Ke da ko maƙogwaronki ya toshe sai kin yi gardama da hannu? Na kira Bisera na ce, "Ke, ni na haife ki. Na san muryarki idan kina ɓoye abu tun kina satar alewa. Ina uwarki?" Sai yarinyar ta fashe da kuka. "Baba, rantsar da ni ta yi. A lambu ta faɗi, zuciyarta ce. Likitoci sun buɗe jijiyar da ta toshe, ta farfaɗo, har ta fara faɗa da masu jinya. Amma ta ce kada a gaya maka." Na ce saboda me. Ta ce, "Cewa ta yi, 'Me zai yi in ya ji? Ba shi da abin da zai zo da shi. Tsayawa zai yi a bakin tafki damuwa ta cinye shi, shi ma ya faɗi, ba mai ɗaga shi.'"

Haba Ilinka! Haba sanyin idona! Kina kwance a ƙarshen duniya da wayoyi a ƙirjinki, ni ina nan ina feshin tuffa ina fito? Da abin ya zo da ƙarar kwana fa? Da sai a rufe ki a ƙasar da ban taɓa takawa ba, a ƙarƙashin itatuwan da ban san sunansu ba, ni kuwa in zauna da gashin bakina cikakke, in yi wa wa ado da shi? Wa zan yi wa gardama? Wa zai gyara mini shekara? Na fita gona na zauna a gindin tsohuwar bishiyar nan ta bakin rijiya. Rassa sun yi nauyi har suna taɓa ƙasa, shekara ta yi albarkar da muka daɗe ba mu gani ba, ni kuwa kallonsu nake kamar duwatsu aka rataya. Ban ji haushinki ba. Abin da ya ci mini rai shi ne kin faɗi daidai: da kin kira ni a ranar, ba abin da zan iya sai tsayuwa.

A nan Shefket ya same ni. Kin san tun da Nazmiye ta rasu bara ba ya yawan magana. Na gaya masa. Ya tsuguna ya tsinki ciyawa yana murzawa, can ya ce, "Pande, tunda muke ban taɓa zaginka ba, yau ma ba zan fara ba. Amma ni da za a ce mini Nazmiye tana wani wuri a bayan ƙasa tana numfashi, ko Jamhuriyar Jakuna suka rubuta a bangon fasfon zan karɓa in sumbace shi. Tashi ka sa riga mai kyau, hoto za a ɗauke ka."

Wa kike tsammani na tarar a bayan gilashi a ofishin fasfo na Resen? Sashka, 'yar mai gidan burodi, wadda ta taɓa rubuta miki cewa Vardar daga teku yake tasowa ya hau dutse. Tana ganina ta dafe ƙirji. "Kawu Pande! Ɓatan hanya ka yi? Ofishin 'yan fansho yana sama." Na ce, "Yi aikinki, yarinya." Ta zaunar da ni gaban abin ɗaukar hoto ta ce, "Ba a murmushi." Na ce, "Wa ya ce miki ina da niyya?" Da na sa hannu ta rage murya ta ce, "Malama ce, ko?" Na gyaɗa kai. Ta ce, "Ka ce mata Allah ya ƙara sauƙi. Ka kuma ce mata duk ajinmu ba wanda ya manta zanin gadon." Kin ga abin da kika jawo mini? Asirin ɗakina a bakin ma'aikatan gwamnati!

Ranar da fasfon ya fito ban ɓoye shi ba. Na wuce kai tsaye shagon Kole na ajiye shi a tsakiyar tebur, a kan karta. Duk suka zuba masa ido. Na ce, "Ban janye ko kalma ɗaya ba. Sunan ƙasata Makedoniya, haka zan faɗa har a rufe ni. Su sun rubuta Arewa, ni Kudu zan tafi da shi, matata na can ba lafiya. Kole, kawo askar." Ba wanda ya yi dariya. Kole ya ce, "A bar shi, Pande, mun yafe." Na ce rantsuwa rantsuwa ce. Ya fito da kujera bakin titi, ya shafa mini kumfa, rabin ƙauye ya taru, tsofaffin mata har da jawo kujerunsu. Da ya gama ya ja da baya ya ƙare mini kallo ya ce, "Ya Allah! Ashe wannan leɓen kake ɓoye mana duk shekarun nan." A nan dariyar ta ɓarke, har da ni. Na koma gida karenmu ya tare ƙofa yana haushi, bai bar ni na shiga ba sai da ya ji muryata. Na faɗa miki tun yanzu ne don an ce zuciyarki ba ta son firgita.

Ga yadda abin yake. Mijin Bisera ya gama maganar biza. Da mun sauke tuffa mun kai ɗakin sanyi zan taso, ƙarshen Oktoba. Ni da ban taɓa hawa abin da ya fi Galicica tsawo ba, zan shiga cikin ƙarfe in yi yini da kwana tsakanin sama da ƙasa, ina kallon tekunan da kika yi ta fama in haddace sunayensu. Matar Kole ta tuƙa miki aivar. Bisera ta ce a can ba a shiga da abinci sai an nuna wa ma'aikata. To zan nuna, in sun hana in zauna a gabansu in cinye da cokali.

Abin da nake roƙo, ya ke kurciyar gidana, inuwar da nake hutawa a ƙarƙashinta, zumar da ba ta taɓa gundurata ba duk da harbin da ke tare da ita: ki dawo tare da ni a watan Afrilu. Ki zo ki ga kwarin Prespa ya yi fari fat da fure tun daga gindin Pelister har bakin ruwa, ƙudan zuma na kuka a kowane reshe, kwasa-kwasa na sauka a kan tafki kamar tsofaffi sun zo taro. Ki zo ki zauna a ƙofar gida ki riƙa gyara wa mai karanta labarai a rediyo lafazi. Ki zo ki cika gidan nan da motsinki, da ƙarar silifas ɗinki, da "Pande, wa ya ajiye wannan a nan?" Gidan ya yi mini yawa, Ilinka. In na yi magana bango ke maido mini, bango kuwa bai iya gardama ba.

Amma ki ji wannan da kyau, don sau ɗaya zan faɗa. Idan likita ya ce zamanki kusa da shi ya fi, ko ke da kanki kika dubi Kalina kika ji ba za ki iya barinta ba, to ba zan dawo ni kaɗai ba. Jiya na zaga gonar da Buyar, babban ɗan Shefket, na nuna masa kowace bishiya da halinta, wadda ke son ruwa da wadda ke son a ƙyale ta. Ya yarda zai riƙe ta, shekara ɗaya ko goma. Gonar da kakana ya dasa, wadda ban taɓa yarda wani ya datse mata reshe ba! Da hannuna na miƙa masa almakashin. Ya karɓa da hannu biyu. Zan koyi zama a bakin tekun nan naku, in tura keken jika, in riƙa gyaɗa wa maƙwabta kai kamar na ji abin da suke faɗa.

Sharaɗi ɗaya gare ni, kuma ba na sassautawa. Idan zuciyar nan ta sake yin gardama, ko ƙarama ce, ni za ki fara gaya wa, kafin Bisera ta ji, kafin likita ya ɗaura takalminsa. Shi jiya-jiya ya san ta. Ni kuwa tun muna da baƙin gashi nake sa kunne a kanta ina sauraro. In akwai mai haƙƙin jin tsoro a kanta, ni ne. Kada ki sake ƙwace mini shi.

Ki sha maganinki, ki bar masu jinya su yi aikinsu, ki jira ni. Naki ne ni jiya, naki ne yau, naki a kowace ƙasa da kowane sunan da suka ga damar ba ta, har ranar da za a kwantar da ni kusa da ke.

Mijinki,
Pande